Cutar da Ke Kulle Mutum Cikin Mafarki: Tambayoyi da Amsoshi

Akwai wani labari da marubutan ƙagaggun labarai da masu shirya fina-finan ban tsoro suka daɗe suna juyawa. Mutum ya kwanta lafiya lau, ya shiga mafarki, daga nan bai ƙara dawowa ba. Gangar jikinsa na kan gado, zuciya na bugawa, numfashi na shiga yana fita, shi kuwa yana can wata duniya yana harkokinsa. Duk wanda ya ci karo da irin wannan labari da dare, da wuya ya kashe fitila ba tare da ya ɗan yi jim ba. Ga tambayoyin da sukan biyo bayan wannan jim ɗin.

Wace irin cuta ce wannan, kuma yaya sunanta?

Ba ta da suna ɗaya, kowane marubuci da wanda yake raɗa mata. Amma ƙashin bayan labarin ɗaya ne. Da farko barcin mutum zai fara tsawo: awa 10, awa 15, kwana biyu cur. In ya tashi sai ya riƙa ba da labarin wani gari da ya je da mutanen da ya sani a can, har ya fara ɗokin dare ya yi. Mafarkin kuma ba ya tsinkewa irin namu, inda ya tsaya jiya nan yake ɗorawa yau. Rannan sai a tashe shi ya ƙi tashi. Wasu marubutan sukan ƙara gishiri, su ce cutar na kama duk wanda aka ba labarin mafarkin, ko duk masu ita a gari ɗaya suke haɗuwa, ko kuma wanda ya mutu a can ya mutu a nan.

To, akwai ta da gaske?

Babu. Likitocin barci suna da kundin da suka jera cututtukan barci kimanin 60, daga rashin barci zuwa ɗaukewar numfashi cikin minshari zuwa tafiya cikin magagi, kuma babu ko ɗaya da ke riƙe mutum cikin mafarki har abada.

Abin da ya sa labarin ke kama zuciya shi ne da tsummokaran gaskiya aka ɗinka shi. Akwai mutanen da ke barcin awa 20 a rana. Akwai waɗanda suka yi shekara 40 a daskare a kan kujera. Akwai wanda ke farkawa ya kasa ɗaga ko yatsa. Marubuci ya tsinto wannan, ya tsinto wancan, ya haɗa riga ɗaya. Kowane ƙyalle na gaske ne, rigar ce ƙirƙira.

Me zai hana? Wato me ke fito da mu daga mafarki kullum?

Barci ba rami ba ne da mutum ke faɗawa ya yi ta nutsewa. Zagaye ne, kowane zagaye kimanin minti 90, kuma mutum kan yi huɗu zuwa shida a dare ɗaya. A kowane zagaye akwai barci mara nauyi, akwai mai nauyi, sannan akwai wani yanki da idanu ke ta wurwurawa a ƙarƙashin fatar ido, ƙwaƙwalwa kuma na aiki kamar ta wanda yake farke. Wannan yanki, da likitoci ke taƙaita sunansa da REM, a cikinsa ake yin mafarkai masu labari da launi. Eugene Aserinsky da malaminsa Nathaniel Kleitman ne suka bayyana shi a Jami'ar Chicago a 1953. Na farkon dare bai fi minti 10 ba, na goshin asuba yakan kai rabin awa ko fiye. Shi ya sa mafarkin da mutum ya fi tunawa shi ne na dab da kiran salla, ko na komawa barci bayan asuba.

Babban abin lura: wannan yanki ba ya iya zama daram. A cikin kututturen ƙwaƙwalwa akwai rukunin jijiyoyi da ke kunna shi, akwai wasu da ke kashe shi, suna karɓa-karɓa. A gefe guda kuma akwai wani sinadari, adenosin, da ke taruwa a ƙwaƙwalwa tun safe yana jawo gyangyaɗi (shi ne goro da shayi da kofi ke toshe wa hanya), kuma barcin kansa ne ke share shi. In ya ragu, nauyin barci ya tafi. Ga agogon jiki da ke bin hasken rana, ga mafitsara da ta cika, ga yunwa, ga carar zakara. Kafin a ce mutum ya dawwama cikin mafarki, sai duk waɗannan sun lalace lokaci guda, amma ɓangaren da ke saƙa mafarki ya tsira ko ƙwarzane babu. Raunin ƙwaƙwalwa ba ya zaɓe haka. Ciwon da ya kai ga hana mutum farkawa yakan rushe tsarin barcin gaba ɗaya, har da mafarkin.

Na taɓa farkawa ina ji ina gani amma na kasa motsi, kamar an ɗora mini dutse a ƙirji. Ba farkon cutar ke nan ba?

Wannan dannau ne, kuma kakanninmu sun san shi tun da har suka sa masa suna. Lokacin mafarki ƙwaƙwalwa takan kashe tsokokin jiki da gangan, ban da na ido da na numfashi, don kada wanda ke mafarkin dambe ya naushi matarsa. Wani lokaci hankali yakan riga jiki farkawa. Sai mutum ya buɗe ido yana ganin ɗakinsa, amma makullin jikin bai buɗe ba, ragowar mafarkin kuma na zuba cikin ɗakin. A nan ne ake ganin inuwa a bakin ƙofa, ko a ji wani abu ya hau kan gado.

Wani nazari da ya tattara bincike da dama a 2011 ya nuna kusan mutum 8 cikin 100 sun taɓa fuskantarsa, a cikin ɗalibai kuwa ya haura kashi ɗaya cikin huɗu. Ba abin mamaki ba ne, su ne masu kwana karatu. Rashin isasshen barci, sauya lokacin kwanciya, damuwa, da kwanciya rigingine, su suka fi jawo shi. Yakan ɗauki daƙiƙoƙi, in ya yi tsawo 'yan mintuna, kuma ko da yaushe yana saki. Wanda ya tsinci kansa ciki ya daina kokawar tashi, ya mai da hankali kan motsa ɗan yatsa ɗaya ko lumshe ido da buɗewa. In wani ya taɓa shi ma, nan take yakan warware.

Mutane da yawa suna danganta shi da aljanu, ba kuma mu kaɗai ba, kusan kowace al'umma da nata dodon da take ɗora wa laifin. Yin addu'ar kwanciya bai hana mutum ya gyara lokacin barcinsa ba. In kuwa dannau ya zama na kullum, ga barci na sace mutum da rana tsaka yana cikin magana, ga gwiwoyi na saki in ya yi dariya, to a ga likita, don waɗannan alamun wata cuta ce ta daban mai suna nakolefsi, kuma tana da magani.

Na yi mafarkin na farka, na yi wanka, na fita, sai kuma na sake farkawa a kan gado. Zai iya maimaituwa ba iyaka?

Yakan maimaitu sau biyu, sau uku, wani lokaci fiye, kuma yana da ban haushi, musamman ga wanda ya riga ya isa wurin aiki a mafarkin. Amma duk cikin zagaye ɗaya na barci ake yinsa, zagayen na ƙarewa shi ma ya ƙare. Haka zancen cewa wanda ya mutu a mafarki ya mutu ke nan. Mutane bila adadin sun yi mafarkin mutuwarsu, wasu har da jana'izarsu, suka tashi suka sha kokonsu.

Ana iya yin rayuwar shekaru a mafarkin dare ɗaya?

Ana iya jin kamar an yi. Wani Bafaranshe na ƙarni na 19, Alfred Maury, ya ba da labarin dogon mafarkin da ya yi na zamanin juyin juya halin Faransa: aka kama shi, aka yi masa shari'a, aka kai shi wurin fille kai, wuƙa ta sauko, ya farka ya tarar da sandar gadonsa ce ta faɗo masa a wuya. Sai ya yanke cewa duk labarin a cikin ƙiftawar ido aka saƙa shi. An daɗe ana yawo da wannan ra'ayi.

Da aka zo aka gwada, abin bai tsaya ba. A 1957 William Dement da Kleitman suka riƙa tashin mutane bayan minti 5 ko minti 15 da fara mafarki, suna tambayarsu wanne ne a ciki, kuma galibi suna cankar daidai. Daga baya aka sa masu iya gane suna mafarki su yi ƙirge a ciki, aka ga lokacin da suka ɗauka bai yi nisa da na farke ba. Dabarar mafarki irin ta mai tatsuniya ce. In ta ce "kwanci tashi yarinya ta isa aure", ba wanda ya zauna ya jira shekara 15, amma kowa ya yarda sun wuce.

An ce an taɓa yin annobar barci a Turai. Gaskiya ne?

Gaskiya ne, kuma wasu daga cikin labaran nan daga gare ta suka sha ruwa. A hunturun 1916 zuwa 1917, ana tsakiyar Yaƙin Duniya na Ɗaya, wani likita a Vienna mai suna Constantin von Economo ya fara ganin marasa lafiya da wani irin hali. Zazzaɓi, ciwon maƙogwaro, gani bibbiyu, sannan barci mai nauyin gaske. A tashe su su amsa tambaya daidai, a juya baya sun koma. Wasu suna cikin cin abinci barci ke kwashe su da lomar a baki. Ya sa wa cutar suna encephalitis lethargica, wato kumburin ƙwaƙwalwa mai sa kasala. Ta zagaya duniya har wajen 1927, ta kama dubban ɗaruruwan mutane, kusan kashi ɗaya cikin uku na waɗanda ta kwantar suka mutu, sannan ta janye kamar yadda ta zo.

Von Economo ya duba ƙwaƙwalen waɗanda suka mutu, ya ga masu yawan barci wuri ɗaya ne ya lalace musu, waɗanda kuma cutar ta hana barci sam (don akwai su) wani wurin ne dabam. Daga nan aka fara fahimtar cewa farkawa ma aiki ne da wani sashe na ƙwaƙwalwa ke yi, ba rashin barci kawai ba.

Abin tausayin yana ga waɗanda suka tsira. Da yawa sun warke, sun koma harkokinsu, bayan shekaru sai jiki ya fara sanƙarewa, har suka zama kamar gumaka: ba motsi, ba magana, ido a kafe. A 1966 wani likita, Oliver Sacks, ya tarar da irinsu a asibitin Beth Abraham da ke New York, wasu sun shekara 40 a haka. A 1969 ya ba su sabon maganin cutar karkarwa mai suna L-dopa, sai ga su suna tashi, suna tafiya, suna waƙa. Ya rubuta labarinsu a littafinsa Awakenings na 1973. A ciki akwai wata da ya sakaya sunanta ya kira ta Rose R., wadda cutar ta kama a 1926 tana da shekara 21. A daren da abin ya fara, ta yi mafarkin an kulle ta a wata ganuwa da ba mai iya shiga, ganuwar kuma siffar jikinta gare ta. Da ta farfaɗo bayan shekara 43, ta san shekarar da ake ciki, amma hirarta da waƙoƙinta duk na 1926 ne.

Sai dai a lura da bambancin. Waɗannan mutane ba a wata duniyar mafarki suke ba. Suna nan, suna ganin masu jinya na wucewa, suna jin rediyo. Kuma farin cikin bai daɗe ba, domin a wurin yawancinsu maganin ya zo da nasa matsalolin, amfaninsa kuma ya ragu.

Ciwon barcin da tsando ke kawowa fa? Ba shi ne wannan ba?

Wannan namu ne, kuma ya girmi duk waɗancan labarai. Ibn Khaldun ya rubuta cewa Sarkin Mali Mari Jata na Biyu ciwon barci ne ya kashe shi, wajen 1373, bayan ya shafe shekara biyu da ƙyar ake tashinsa. Ƙwayar cutar dangi ce ga wadda ke sa wa shanu sammore, kuma ƙudan tsando ne ke ɗauko ta, shi kuwa mazauninsa kurmi da bakin rafi, inda ake wanki da ɗiban ruwa da kamun kifi.

Zango biyu take yi. A na farko tana cikin jini: zazzaɓi mai zuwa yana tafiya, ciwon kai, ƙaiƙayi, da kaluluwa a bayan wuya. Nau'in da ke Afirka ta Yamma da ta Tsakiya yakan yi watanni ko shekaru a haka, ana ta shan maganin zazzaɓin cizon sauro a banza. A zango na biyu ta ƙetara cikin ƙwaƙwalwa. Sunan ma yana ɗan ruɗarwa, don ba yawan barcin ne ke ƙaruwa sosai ba, agogon ne ke hargitsewa: gyangyaɗi da rana, ido biyu da dare. Hali ya canza, magana ta shiririce, har a fara cewa mutum ya taɓu ko an yi masa asiri. In ba magani, ƙarshenta doguwar suma da mutuwa.

Ta yi ɓarna a ƙasar Hausa. A shekarun 1930 ta addabi lardin Zazzau har Turawan mulki suka ɓullo da shirin Anchau, a ƙaramar hukumar Kubau ta yanzu: aka sassare kurmin bakin rafuka, aka tayar da ƙauyuka aka sake musu matsuguni, aka haƙa rijiyoyi, aka gina sabon gari aka sa masa suna Takalafiya. Cibiyar binciken wannan cuta ta Najeriya ma a Kaduna take, da reshe a Vom.

Labarin yanzu mai daɗi ne. A 1998 an ba da rahoton kusan mutum 40,000 da suka kamu a Afirka, a 2018 adadin ya sauko ƙasa da 1,000, mafi yawansu a Jamhuriyar Dimokuraɗiyyar Kwango. Tsohuwar allurar da ake yi, melasofrol, da gubar asenik aka haɗa ta, tana kashe kusan mutum ɗaya cikin 20 da aka yi wa. Yau akwai ƙwayar feksinidazol da ake haɗiya kwana 10. Hukumar Lafiya ta Duniya ta tabbatar Gana ta kawar da cutar a matsayin barazana ga lafiyar jama'a a 2023, Cadi kuma a 2024.

A cikin cututtukan gaske, wacce ta fi kama da ta labarin?

A ganina wadda ake kira Kleine-Levin ce. Ba ta da yawa ko kaɗan, mutum ɗaya zuwa biyar cikin miliyan, kuma ta fi kama samari masu tasowa. Yaro na lafiyarsa sai ya shiga barcin awa 16 zuwa 20 a rana, na kwanaki ko makonni. Ana iya tashinsa ya ci abinci ya zaga, wasu ma ci suke kamar ba gobe, amma a 'yan awannin da yake farke zai ce maka komai kamar ba gaske ba ne, kamar yana kallon duniya ta bayan gilashi, kamar mafarki. Sai rana ɗaya abin ya yaye, ya koma makaranta garau, bayan watanni ya sake dawowa. A wurin yawancinsu yakan yi ta raguwa har ya bari bayan shekaru. Wato ko wannan da ta fi kusa, kalmar "har abada" ba ta cikinta.

Wanda ke cikin doguwar suma, mafarki yake yi?

Doguwar suma ba barci ba ce, ko da ta yi kama da shi a ido. Mai barci in an tsungule shi zai tashi, wannan ba zai tashi ba, kuma na'urar auna aikin ƙwaƙwalwa ba ta nuna zagayen nan na minti 90 a mai suma mai zurfi. Da wuya ta wuce mako biyu zuwa huɗu. Daga nan ko mutum ya rasu, ko ya farfaɗo, ko ya shiga wani hali da yake buɗe ido da rana ya rufe da dare amma ba alamar ya san abin da ke gudana. Labaran da ake ji na wanda ya "farka bayan shekara 27", kamar wata mata 'yar Haɗaɗɗiyar Daular Larabawa da ta yi hatsarin mota a 1991 ta kira sunan ɗanta a 2018, irin wannan hali ne na tsaka-tsaki.

Gaskiya ne waɗanda suka kwanta a sashen kulawa ta musamman sukan dawo da labaran mafarkai masu tsawo da firgici: an sace su, an ɗaure su, suna cikin jirgin ruwa. Yawanci wannan na faruwa ne lokacin da ake rage musu maganin sa barci, ƙwaƙwalwa na tsintar ƙarar na'urori da taɓin ma'aikatan jinya tana saƙa labari da su.

Abin da ya fi tayar mini da tsigar jiki dai wani ne. A 2006 Adrian Owen da abokan aikinsa a Cambridge suka sa wata mata mai shekara 23, da aka ɗauka ba ta san komai ba, cikin na'urar hoton ƙwaƙwalwa, suka ce ta ƙiyasta tana wasan tanis. Sashen da ke tsara motsi ya kama aiki, daidai da na mai lafiya. Suka ce ta ƙiyasta tana zagaya ɗakunan gidanta, wani sashen ya kama. Wani babban nazari na 2024 ya sami irin wannan a mutum 60 cikin 241 da ba sa amsa umarni a zahiri. Saboda haka mai jinya ya kiyaye abin da yake faɗa a gaban gadon mara lafiya. Rabon gado da lissafin kuɗin asibiti, a fita waje a yi.

Na ji labarin wani ƙauye da mutanensa suka riƙa faɗuwa suna barci. Me ya faru?

Kalachi ke nan, a arewacin Kazakistan. Daga 2013 zuwa 2015 mutum fiye da 140 suka riƙa ɓingirewa, wani a kan hanya, wani a aji, su yi kwanaki suna barci, su tashi da ciwon kai da mantuwa, yara kuma suna ganin abubuwan da babu su. A 2015 gwamnati ta ce iska mai guba ce, kabon monoksaid, ke fitowa daga tsohuwar mahaƙar yuraniyom da ke kusa tun zamanin Tarayyar Sobiyet, aka fara kwashe mutanen.

Wannan iskar ba sai an je Kazakistan ba. Ita ce ke fita daga janareta da aka kunna a baranda ko a cikin shago a rufe, ita ce ke tashi daga kaskon gawayi da aka shigar ɗaki da hunturu aka toshe taga. Ba ta da wari, ba ta da launi. In ana neman abin da ke sa iyali guda su kwanta lafiya gari ya waye ba wanda ya tashi, ga shi nan.

Ashabul Kahfi fa? Ba barcin shekaru suka yi ba?

Sun yi, shekara 300 da ƙarin tara kamar yadda Suratul Kahfi ta faɗa, amma Alƙur'ani ya kawo shi a matsayin aya daga ayoyin Allah, ba cuta ba. Kuma babu inda aka ce sun rayu a wata duniyar mafarki. Da suka tashi, cewa suka yi sun zauna yini ɗaya ko wani yanki na yini, sannan suka aiki ɗayansu gari da kuɗin azurfa ya sayo abinci.

Dangantakar barci da mutuwa kuwa tsohuwa ce a wurinmu. Aya ta 42 a Suratuz Zumar ta yi maganar karɓar rayuka lokacin mutuwa da lokacin barci, a riƙe wasu a saki wasu. Addu'ar tashi daga barci godiya ce ga wanda ya raya mu bayan ya kashe mu. Bahaushe ya ce barci ƙanin mutuwa. Akwai kuma tsohon zancen maye ya kama kurwar mutum, gangar jiki na kwance tana ramewa, ainihin mutumin na wani wuri a tsare. In aka duba, wannan shi ne labarin cutar mafarki da rigar gida. Illarsa a fili take: sau da yawa yaron da aka ce an kama kurwarsa zazzaɓi ne ya hau masa kai, ana can ana neman tsohuwar da za a ɗora wa laifi.

A ce cutar ta wanzu, jiki zai kai yaushe?

Nan ne marubuta ke tsallakewa. Ba ruwa, kwanaki kaɗan ne. Sai an zura robar abinci ta hanci, an sa robar fitsari, ana juya mutum duk bayan awa biyu don kada gyambon kwanciya ya ci bayansa da ɗuwawunsa. Tsoka na zubewa tun makon farko, gaɓoɓi su ƙage, yawu ya sauka huhu ya zama ciwon haƙarƙari, jini ya daskare a jijiyar ƙafa. Da kulawa mai kyau ana iya shekaru. Amma kyakkyawar budurwar labari da ke kwance shekara 10 ko kitsonta bai tsufa ba, duk wanda ya taɓa jinyar kwantacce ya san wasa ne.

Ana iya yin magana da mutum yana cikin mafarki?

An yi, ɗan kaɗan. Tun 1975 wani mai bincike a Ingila, Keith Hearne, ya nuna wanda ya san yana mafarki zai iya ba da alama da ido, tunda ido ba ya cikin abin da ake kullewa. A 2021 ɗakunan bincike huɗu, a Amurka da Faransa da Jamus da Holan, suka gwada mutum 36. Suna cikin mafarki ake yi musu tambaya, kamar takwas a cire shida, su amsa da kaɗa ido hagu da dama sau biyu. Cikin gwaji 158 an sami amsa daidai sau 29, sau 96 kuwa shiru. Ba yawa, amma ya isa ya nuna ƙofar mafarki ba a garƙame take ba, murya daga waje na shiga.

Idan wani nawa ya kwanta, aka yi ta tashinsa ya ƙi tashi, me zan yi?

Kada a ce a bar shi ya huta, kada kuma a tsaya fassara. A kira sunansa da ƙarfi, a girgiza kafaɗarsa, a murza ƙashin ƙirjinsa da gaɓar yatsu. Mai barci komai nauyinsa zai motsa ya ture hannun. In bai yi ba, suma ce, kuma sanadinta a wurarenmu sanannu ne: zazzaɓin cizon sauro da ya hau kan yaro, sanƙarau (annobar 1996 kaɗai ta kashe fiye da mutum 11,000 a Najeriya), sukari da ya faɗi ƙasa ga mai shan maganin ciwon sukari, musamman in ya sha bai ci abinci ba, shanyewar ɓarin jiki ga mai hawan jini, buguwar kai bayan faɗuwa daga babur ko da ya tashi ya kakkaɓe jikinsa jiya, ƙwayoyi irin su tiramadol da kodin, da hayaƙin janareta ko gawayi.

A duba yana numfashi. A kwantar da shi a gefensa, kai ya ɗan sunkuya, don in ya yi amai kada ya shaƙe. Kada a ɗura masa komai a baki, ko ruwa, ko madara, ko manja, ko rubutu, domin wanda ba ya cikin hayyacinsa ba ya iya haɗiya, huhu abin zai tafi. In yana jijjiga kada a cusa masa cokali. In akwai janareta ko kasko a kusa, a buɗe ƙofa da tagogi, a fitar da kowa waje, har da waɗanda ciwon kai kawai suke ji. In faɗuwa ya yi, a tallafe wuyansa wajen ɗauka. Sannan a nufi asibiti mafi kusa da ke da sashen gaggawa, ba kemis ba, addu'a kuma a yi ta a hanya. A tafi da duk kwalayen maganin da yake sha, kuma wani ya riƙe lokacin da aka yi masa ganin ƙarshe yana lafiya, don ita ce tambayar da likita zai fara yi.